Sashe na 24 da mai haɗa fim ɗin bincike

A ce wani matashi a Gombe ya shafe wata uku yana yawo da kyamara tsakanin Jekadafari da Bolari, yana haɗa fim kan 'yan kalare, wato 'yan daban Gombe, da kamen da ke biyo bayan kowane rikici. Ya zauna a tsakar gida da uwar da aka tafi da ɗanta, ya ɗauki mai shayin da aka farfasa wa kofuna. Ranar da zai ɗora fim ɗin a YouTube, kawunsa ya ce masa, "Ɗana, ka yi hattara da dokar intanet, kada a ɗaure min kai."

Kawu yana da hujjar jin tsoro. Sashe na 24 na dokar laifukan intanet ta 2015 ya haramta tura saƙon ƙarya domin ɓata wa wani rai, ko cin zarafinsa, ko hana shi sakat. Hukuncinsa tarar da za ta iya kai naira miliyan 7, ko ɗaurin da bai wuce shekara 3 ba, ko duka biyun. To wane fim ɗin bincike ne ba zai ɓata wa wani babba rai ba? Da wannan sashe aka riƙa kama 'yan jarida, har kotun ECOWAS ta yanke hukunci a 2020 da 2022 cewa ya tauye 'yancin faɗin albarkacin baki.

A Fabrairun 2024 Shugaba Bola Tinubu ya sa hannu a gyaran dokar, aka cire maganar ɓacin rai da zagi. Cikin abin da ya rage akwai batsa, da kuma saƙon da mutum ya san ƙarya ne, ya tura domin tada zaune tsaye ko jefa rai cikin haɗari. Nan ne gizo ke saƙar: sai mai gabatar da ƙara ya nuna cewa ƙarya ce, kuma mai fim ya san ƙarya ce. Wanda ya ɗauko bidiyon rikicin wata ƙasa ya ce a Billiri ne, da saninsa, ya faɗa ciki. Wanda ya nuna abin da kyamararsa ta gani bai faɗa ba, ko da fim ɗin ya ɓata wa wani rai.

Shi ya sa nake roƙon matasanmu su adana ainihin bidiyon da ba a yanka ba, da rana da wurin da aka ɗauka, a waje biyu. Su nemi jin ta bakin rundunar 'yan sanda a rubuce kafin su saki fim, don laifin ɓata suna yana nan daram a dokar Penal Code, wato kundin hukunta laifuka na jihohin Arewa.

In kuma aka yi kame duk da haka, sashe na 35 na tsarin mulki ya ba wanda aka kama damar yin shiru har sai ya gana da lauya, kuma a kai shi kotu cikin kwana ɗaya idan akwai kotu a tazarar kilomita 40.