Arewacin duniya bai taso cikin ƙanƙara ba

Da yawa sun ɗauka yankin Arktik tun fil'azal ƙanƙara ce shimfiɗe, babu wani tarihi a ƙarƙashinta. Ba haka ba ne sam.

Duwatsun gabashin Girinlan sun taso ne kimanin shekara miliyan 400 da suka wuce, lokacin da manyan farantan ƙasa, wato ɓangarorin ɓawon duniya masu motsi a hankali, suka yi karo, ƙasa ta nannaɗe ta yi sama. Abin da ya fi taɓa ni kuwa yana tsibirin Axel Heiberg na Kanada: kututturan itatuwa masu shekara miliyan 45, ba su ma zama dutse ba, zarto yana yanka su, wuta tana cin su. A tsibirin Ellesmere da ke kusa an tono ƙasusuwan kada da kunkuru. Gawayin kwal da aka daɗe ana haƙa a tsibiran Svalbard na Norway ma ragowar tsoffin dazuzzuka ne.