Waiwaye: Yadda kalmar "cunning" ta tashi daga ilimi ta koma makirci

Wani ɗalibina da ke koyon fassara ya taɓa kawo mini aikinsa a kan wani tsohon rubutun Turanci, inda aka kira wani masassaƙi "a cunning workman". Shi kuwa ya rubuta "ma'aikaci maha'inci". Na tambaye shi laifin me bawan Allah ya yi. Ya ce, "Malam, ai haka ƙamus ya ce." Ya miƙo mini wayarsa, na duba, da gaskiyarsa, ma'anar da ta fara fitowa ta yaudara ce. Sai da na sa ya gangara can ƙasa, inda ake ajiye ma'anonin da suka tsufa, sannan ya ga ashe yabon masassaƙin ake yi. Cewa aka yi gwani ne, hannunsa ya faɗa.

Ban ga laifin yaron ba, domin kalmar ce ta yi hijira ta bar gidansu.

Tushenta yana cikin tsohon Turanci, wanda ake yi a Ingila kafin Normandawa, mutanen arewacin Faransa, su ci ƙasar da yaƙi a 1066. A wancan harshe akwai aikatau "cunnan", ma'anarsa sani, ko iya yin abu. Daga gare shi aka sami "can" da kowane ɗan firamare ya haddace, wato "I can" asalinta "na sani" ce kafin ta zama "na iya". Wannan ba zai ba Bahaushe mamaki ba, tunda mu ma in muka ce bakanike ya san mota, ba sunanta muke nufi ya sani ba. Danginta suna nan da rai. Mutanen Sukotlan har yau suna cewa "ken" a wurin sani. Jamusawa suna da "können" ta iyawa, da "kennen" ta sanin mutum ko wuri, da "Kunst" wadda ke nufin fasaha. Har "uncouth" da ake zagin bagidaje da ita 'yar gidan ce, asalin ma'anarta wanda ba a sani ba, baƙo.

Ita "cunning" kanta a ƙarni na 14 ta fara bayyana a rubuce, kuma masu bin tarihin kalmomi suna ganin akwai hannun harshen mutanen arewacin Turai da suka zauna a gabas da arewacin Ingila tun ƙarni na 9, domin suna da "kunnandi" mai nufin ilimi. A lokacin ba ta da wani tabo. Da mabiyan John Wycliffe, malamin nan na Oxford da ya rasu a 1384, suka fassara Littafi Mai Tsarki na Kirista daga Latin zuwa Turanci, itaciyar da ke cikin gonar Adnin suka kira ta itaciyar "kunnyng" na nagarta da mugunta. Ilimi tsantsa suke nufi. A zamanin, in aka ce malami "cunning" ne, an ce masani ne.

Wanda yake son ganin tafiyar kalmar ido da ido, fassarorin wannan littafi zai jera. A fassarar da aka yi da umarnin Sarki James, wadda ta fito a 1611, tsohuwar ma'anar ce ke mulki. An kira Isuwa, ɗan Ishaku, "a cunning hunter", gwanin farauta. Makaɗin da aka nemo wa Sarki Saul na Isra'ila don ya kwantar masa da hankali, shi ma da kalmar aka yabe shi. Masaƙa da masu saƙar zinariya da suka yi aikin alfarwar ibada duk haka. A Zabura ta 137 kuma akwai layin da Turawa suka mayar kamar karin magana, inda mai waƙar ke rantsuwa cewa in ya manta da Urushalima, "let my right hand forget her cunning", hannunsa na dama ya manta da gwanintarsa. Abin sha'awa, a Ibrananci, harshen da aka fara rubuta Zabura da shi, ba a faɗi abin da hannun zai manta ba, masu fassara ne suka cike gurbin da wannan kalma, alamar ba su ga wani aibu a jikinta ba. Amma a cikin littafin dai, a wasiƙar Afisawa, sun haɗa ta da "craftiness" wajen gargaɗi a kan masu ɓad da mutane. Ke nan a 1611 kalmar tana da ƙafa ɗaya a masallaci, ɗaya a dandali.

Bayan shekara 371, a 1982, aka sabunta wannan fassara don ta dace da Turancin zamani. Isuwa ya koma "skillful hunter". Hannun dama ya koma manta "skill". To ina "cunning" ta tafi? An kai ta kan macijin da ya yaudari Hawwa'u, wanda a 1611 aka kira "subtil". An ƙwace kalmar daga hannun maharbi da masaƙi an rataya wa maciji.

Me ya jawo wannan faɗuwa? A ganina hanya biyu ta bi, ɗaya ta fada, ɗaya ta ƙauye.

Ta fada, Francis Bacon ne shaida. Lauya ne, ɗan siyasa, masanin falsafa, wanda ya kai muƙamin shugaban alƙalan Ingila a 1618, aka kuma tsige shi a 1621 bisa karɓar toshiyar baki, saboda haka ba labari aka ba shi ba. A 1612 ya fitar da maƙala a kan wannan kalma, ya buɗe ta da cewa abin da suke nufi da ita shi ne "a sinister or crooked wisdom", hikimar da ta karkace. Ya raba mai hikima da mai wayo, ya ce akwai masu iya shirya karta a ɓoye amma ba su iya wasan ba. A bugun da ya faɗaɗa a 1625, ya kamanta su da 'yan koli, ya ce bari ya baje kayan shagonsu. Kayan kuwa duk wanda ya taɓa zama a ofis ko a zauren mai unguwa zai gane su. Akwai mai rubuta doguwar wasiƙa, ya ajiye ainihin buƙatarsa a ɗan layin ƙarshe bayan sa hannu, kamar abin bai dame shi ba. Akwai wanda zai zo ya yi ta hira, ya yi sallama har ya kai ƙofa, sannan ya juyo ya ce af, na kusa mantawa, alhali abin da ya kawo shi ke nan. Akwai mai son faɗin magana ba tare da a kama shi ba, sai ya ce wai mutane suna cewa. Bacon ya ce ba abin da ya fi cutar da ƙasa irin a ɗauki masu wayo a matsayin masu hikima. A bakin irin waɗannan mutane na fadar Landan, kalmar ta riga ta gama lalacewa.

Ta ƙauye ta fi ba ni sha'awa, don ta fi kama da abin da muka sani. Daga ƙarni na 15 har zuwa farkon na 20, kusan kowane yanki na Ingila yana da mutumin da ake kira "cunning man" ko "cunning woman". Asalin sunan girmamawa ne, mai sani. Wurinsu ake zuwa in an yi sata ana son gano ɓarawo, in saniya ta daina ba da nono ana zargin maita, in budurwa tana son sanin wanda za ta aura, in ana neman dukiyar da aka binne. Suna ba da laya, suna haɗa saiwoyi, suna duba. Wata hanyarsu ta gano ɓarawo ita ce a soka almakashi a jikin rariya, mutum biyu su riƙe da yatsa, a yi ta kiran sunayen waɗanda ake zargi, wanda rariyar ta juya a kan sunansa shi ne. Bahaushe zai ce ai wannan boka ne, ko malamin tsibbu, kuma bai yi nisa da gaskiya ba.

Talakawa sun riƙe su, amma malaman coci da hukuma ba su taɓa yarda da su ba. William Perkins, wani mai wa'azi na Cambridge, a littafinsa da aka buga a 1608 bayan rasuwarsa, cewa ya yi mayen da ake kira na kirki ya fi mugun maye haɗari, don shi mutane ke bi da son ransu. Dokokin maita na 1542, 1563 da 1604 duk sun taɓo sana'ar tasu. Sai dokar 1735 ta juya lamarin gaba ɗaya. Ta daina ɗaukar sihiri a matsayin abin da ke aukuwa, ta mayar da laifin ya zama iƙirarin iya shi. Wanda ya ce zai yi duba ko ya gano kayan sata ta wannan hanya, ɗaurin shekara ɗaya ne, tare da fito da shi kasuwa a tozarta shi lokaci lokaci. A idon doka, mai sani ya zama ɗan damfara. Duk da haka sana'ar ba ta mutu nan take ba. James Murrell, wani baduku a ƙauyen Hadleigh na yankin Essex, ya yi ta har rasuwarsa a 1860, kuma da laƙabin Cunning Murrell aka san shi. Dokar kanta sai a 1951 aka soke ta.

Ba ita kaɗai wannan ya sama ba. "Crafty" a tsohon Turanci tana nufin mai ƙarfi da gwaninta, daga "cræft", 'yar'uwar "Kraft" ta Jamusanci mai nufin ƙarfi. Sunan ya tsira, har yau "craft" sana'ar hannu ce mai daraja, amma siffar ta zama zagi. "Sly" da "artful" ma haka suka gangara. Duk kalmar da ke nufin wani ya san abin da kai ba ka sani ba, ba ta daɗewa sai zargi ya shige ta. Wanda ya taɓa kai agogo ko waya gyara, ya tsaya yana kallon mai gyaran yana taɓa abin da shi bai gane ba, ya san inda zargin ke fitowa.

A ƙamus ɗin Samuel Johnson na 1755 ma'anar gwaninta ce har lokacin a sama, ta yaudara na biye. A ƙamus na yau sun yi musayar wuri. Amurkawa kuma a ƙarni na 19 suka ja ta wani ɓangare dabam, suka riƙa cewa jariri ko ɗan kyanwa "cunning" ne, ma'ana kyakkyawa mai ban sha'awa. Wannan ma'ana ta tsufa, amma tana cikin littattafan Amurka na lokacin, kuma na tabbata ta sa masu fassara da yawa sun ɗora wa jarirai makirci.

A Turancin yau, in aka siffanta mutum da ita, zargi ne, ko da an cakuɗa shi da ɗan jinjina. In aka ƙara "low" a gabanta, an ce wayon ne kawai babu ilimi babu tarbiyya. Amma in na'ura ce, ko tsari, ko wata dabarar ɗan ƙwallo, tsohuwar ma'anar takan leƙo, ana nufin an yi abin da basira.

Turancin ya iso gaɓar Afirka ta Yamma bayan kalmar ta riga ta karkace, shi ya sa a Turancin buroka ma'ana ɗaya tak ta sauka da ita. Kowa ya ji "cunny man die, cunny man bury am", in mai wayo ya mutu mai wayo ne zai binne shi. Abin da ya fi burge ni shi ne mu ma mun ba buroka tamu kalmar, kuma irin abin da ya sami "cunning" ya same ta a hanya. A Hausa wayo yana da fuska fiye da ɗaya. In aka ce yaro ya yi wayo, an ce ya fara hankali, ya san dama da hagu. Mutum zai ce mahaifinsa ya rasu tun bai yi wayo ba. In kuma aka ce wane ya yi mini wayo, an shiga batun cuta, irin na wayon a ci, an kori kare daga gindin ɗinya. Amma da kalmar ta sauka Legas da Fatakwal, fuska ɗaya ta tafi da ita. A can in aka ce maka "wayo man", ba wanda ke nufin ka yi hankali.

Wannan ne ya sa nake ganin wayo ta fi kowace kalma kusa da "cunning", amma ba na yarda a riƙa liƙa ta ko'ina. Hausa ta rarraba abin da Turanci ya cusa a tukunya ɗaya. Na masassaƙi da maharbi gwaninta ce. Na itaciyar Wycliffe sani ne. Na wanda ya fitar da jaki daga rijiya dabara ce. Na fadawan Bacon makirci ne, wani lokaci ma kissa, duk da mun saba jingina wannan ga zaman kishi. Na Gizo wayo ne, mai ban dariya da ban haushi a lokaci guda. Kafin mai fassara ya zaɓa, sai ya duba shekarar da aka yi rubutun, da ƙasar da aka yi shi, da kuma ko mutum ake siffantawa ko aikin hannunsa.

Ɗalibin nawa ya gyara tasa ta koma "gwanin masassaƙi". Mako na gaba ya dawo da "as cunning as a fox", ya fassara ta da wayo kamar yanyawa, don yanyawa ce ƙamus ya ba shi. Na ce masa a dajin Bature wannan dabba ce ke riƙe da sarautar wayo, a namu kuwa dila ne, ya sa dila.