Gadon Earl na Sutherland: Yadda Jaririya Ta Gaji Sarauta a Sikotland

Wane ne wannan Earl, kuma me ya bari?

Earl muƙamin sarauta ne na gado a Birtaniya. William Sutherland, wanda akan lissafa a matsayin Earl na 18 na Sutherland, an haife shi a 1735. Gidansu na cikin tsofaffin gidajen sarautar Sikotland, domin tun wajen 1230 suke riƙe da wannan muƙami, mazauninsu kuwa fadar Dunrobin ce a can arewacin ƙasar. Ya auri Mary Maxwell a 1761, suka haifi 'ya'ya mata biyu. Babbar, Catherine, ta rasu tana ƙarama. A 1766 ma'auratan suka tafi garin Bath na Ingila, inda zazzaɓi ya kama shi. Matar ta yi jinyarsa har ita ma ta kwanta, ta riga shi rasuwa, shi kuma ya bi ta a cikin watan Yuni na wannan shekarar yana da shekara 31. Suka bar Elizabeth, 'yar shekara ɗaya, ga sarauta ga ƙasar da ta mamaye mafi yawan lardin Sutherland.

To, ba namiji ne ke gadon irin wannan sarauta ba?

A nan rigimar take. Kowace sarauta tana bin sharaɗin da aka gindaya ranar da aka ba da ita. Yawancin waɗanda aka bayar daga baya an rubuta cewa zuriyar maza kaɗai za ta gada. Amma da yawa daga cikin tsofaffin sarautun Sikotland suna iya sauka kan 'ya mace idan babu ɗa namiji, kuma babbar 'ya ce ke ɗauka ita kaɗai. A Ingila kuwa, tsohuwar sarauta idan ta faɗo kan 'ya'ya mata biyu ko fiye, sai a jingine ta har sai an warware.

Babu masu zaɓen sarki irin na masarautunmu da za su zauna su duba cancanta. Takarda da jerin haihuwa ne ke yanke hukunci.

Su wa suka yi takara da yarinyar?

Mutum biyu: Sir Robert Gordon na Gordonstoun da George Sutherland na Forse, kowannensu yana cewa shi ne magaji ta wajen maza. Waliyyan Elizabeth suka tsaya mata, kuma ɗayansu, alƙali Lord Hailes, ya tono tsofaffin takardu ya rubuta hujjar. Takardar asali ta naɗin ba ta nan, don haka sai aka koma ga yadda gidan ya saba yi. Aka nuna cewa wajen 1514, da Earl John ya rasu ba ɗa, 'yar'uwarsa, wata Elizabeth ɗin, ita ta gaje shi, mijinta Adam Gordon kuma ta dalilinta ya amsa sunan Earl. Majalisar masu sarauta ta Landan ta karɓi wannan hujja, ta ba yarinyar gaskiya a watan Maris na 1771.

Sarauta da ƙasa tare suke tafiya?

Ba dole ba ne, kuma a nan mutane suka fi ruɗewa. Sarauta tana bin sharaɗin naɗi. Ƙasa a da babban ɗa ke ɗauka, ko kuma ta bi wata takardar ɗauri da dokar 1685 ta halatta, wadda ke jera magada ta hana sayarwa ko jinginarwa. An soke fifikon babban ɗa kan ƙasa a dokar gado ta 1964, ɗaurin kuma ya ƙare gaba ɗaya a 2004, amma ba a taɓa tsarin sarauta ba. Kuɗi da kayan ɗauka su ma da tasu hanyar: 'ya'ya gaba ɗayansu suna da haƙƙin sulusi idan matar mamacin na raye, rabi idan ba ta raye, kuma wasiyya ba ta kashe wannan haƙƙi.

Gidan nan ma ya ga wannan rabuwa. Elizabeth ta auri George Leveson-Gower a 1785, aka naɗa shi Duke na Sutherland a 1833, sarautar da ta fi ta Earl girma kuma maza kaɗai ke gadonta. Da Duke na 5 ya rasu ba ɗa a 1963, sai muƙamin Duke ya tafi ga wani ɗan'uwa na nesa, John Egerton, shi kuwa muƙamin Earl da fadar Dunrobin suka koma ga 'yar ƙanensa. Ta riƙe har rasuwarta a 2019, ɗanta Alistair ya gaje ta.

Me gadon ya jawo wa talakawan ƙasar?

Bai kamata a ba da labarin nan a tsallake wannan ba. A zamanin Elizabeth da mijinta, musamman tsakanin 1807 da 1821, an tashi dubban manoma daga kwaruruwan cikin ƙasa aka tura su gaɓar teku, domin a ba masu kiwon tumaki hayar filayen. A Strathnaver, ɗaya daga cikin kwaruruwan, an ƙone gidaje a 1814. Wakilin gidan, Patrick Sellar, ya gurfana gaban kotu a Inverness a 1816 bisa zargin kisa da ƙone-ƙone, aka wanke shi. Manoman ba su da takardar da ta ba su ikon zama, sai a 1886 doka ta ba ƙananan manoman yankin tabbacin riƙe gonakinsu.