Dokar ajiye makami a Tombstone: me ta ce, kuma ta yaya ta jawo harbe-harben 1881?

A ranar 19 ga Afrilun 1881 wata gajeriyar doka ta fara aiki a Tombstone, garin haƙar azurfa da ke yankin Arizona na Amurka, kusa da iyakar Meziko. Ita ce Doka ta 9 ta majalisar garin. Masu kallon finafinan kaboyi sun saba ganin kowane namiji da libarba a ƙugu har cikin mashaya, amma wannan doka ta haramta hakan ƙarara, kuma wajen aiwatar da ita ne aka yi harbe-harben da suka fi kowanne suna a tarihin yammacin Amurka.

Sassa uku ne ginshiƙinta. Na farko ya haramta wa kowa riƙe makami mai kisa a hannu ko ɗaukarsa a jiki a cikin iyakar gari, sai in yana da izini a rubuce. Na uku ya fayyace makaman: kowace irin bindiga, da manyan wuƙaƙe da na suka. Lura cewa ba a hana mallaka ba. Mutum na iya ajiye bindigarsa a gida, kuma da zarar ya fita daji, dokar ba ta bin sa. Abin da ta hana shi ne yawo da makami a titi da kasuwa da gidajen caca.

Sashe na biyu ne mai ƙura. Ya ce hanin bai shafi wanda ke shigowa gari ko yake fita ba, muddin da kyakkyawar niyya yake kan hanyarsa ta ajiye makamin, ko ta karɓo shi daga inda ya ajiye, cikin lokacin da hankali zai ɗauka. A aikace, baƙo ya shigo a kan doki sai ya miƙa bindigarsa a otal ko mashaya ko bargar dawakai, kamar yadda ake barin babur wurin mai gadi a bakin kasuwa, ya karɓa in zai tafi. Sai dai dokar ba ta faɗi mintuna nawa ne lokacin ba, ba ta kuma faɗi yadda za a gane niyyar mutum ba. Ta bar wa jami'in da ke tsaye a titi ya yanke.

Tombstone ba ita ta fara ba. Garuruwan cinikin shanu na Kansas, irin su Abilene da Wichita da Dodge City, sun riga ta, har Dodge City ta kafa allo a babban titinta mai sanar da hanin. Dalilinsu na kasuwa ne. Makiyaya na isowa daga Texas bayan watanni a hanya, aljihu cike da kuɗi, su faɗa wa giya da caca. Libarbar Colt ta 1873 tana ɗaukar harsashi shida, kuma ko babu faɗa tana da haɗari, shi ya sa masu hankali ke sa biyar su bar gurbi ɗaya. Shi kansa Wyatt Earp, ɗaya daga cikin waɗanda suka yi harbe-harben Tombstone daga baya, tasa ta taɓa faɗuwa ƙasa ta tashi a wata mashaya a Wichita a 1876. Masanin tarihi Robert Dykstra ya ƙirga kisan kai 45 a garuruwan shanu biyar na Kansas tsakanin 1870 da 1885. Ga ƙananan garuruwa adadin ba kaɗan ba ne, amma ya yi nisa da abin da fim ke nunawa.

A Tombstone, wanda aiwatar da dokar ya rataya a wuyansa shi ne Virgil Earp, shugaban 'yan sandan gari. Matsalar ita ce shi da 'yan uwansa Wyatt da Morgan suna da tsohuwar gaba da 'yan gidan Clanton da na McLaury, makiyayan da ake zargi da hulɗa da ɓarayin shanu. Siyasa ma ta shiga: 'yan Earp suna tare da attajiran gari da jam'iyyar Republican, su kuwa makiyaya suna ɗasawa da Johnny Behan, babban jami'in tsaron gundumar Cochise, ɗan Democrat.

Ranar 26 ga Oktoba, Ike Clanton ya wayi gari yana zagaya titi da bindigogi yana barazana. Virgil ya buge shi a ka da libarba, ya kai shi gaban alƙali, aka ci shi tarar dala 25 da kuɗin kotu, aka ajiye makamansa a otal. Har nan dokar ta yi aikinta. Amma Wyatt ya kuma buge Tom McLaury a titi, kuma da Frank McLaury da Billy Clanton suka shigo gari da rana suka ji labari, sai suka ƙi ajiye nasu. Behan ya shaida daga baya cewa ya nemi Frank ya miƙa bindigarsa, ya ce ba zai bayar ba sai an kwance wa 'yan Earp ɗamara.

Wajen ƙarfe 3 na rana Virgil ya taho da ƙannensa biyu da abokinsu Doc Holliday, suka tarar da 'yan Clanton da 'yan McLaury a wani fili a titin Fremont, kusa da bayan bargar O.K. Corral. Ya ce su ɗaga hannu, bindigoginsu yake so. Cikin kimanin daƙiƙa 30 aka yi harbi kusan 30. Billy Clanton da Tom da Frank McLaury suka mutu. Virgil da Morgan suka ji rauni, harsashi ya goge Holliday. Ike, wanda ba shi da makami, ya arce.

Ike ya shigar da ƙarar kisan kai, kuma a gaban alƙali Wells Spicer sashe na biyu ya dawo tsakiyar magana. Masu ƙara suka ce mamatan shirin barin gari suke yi, don haka suna da damar riƙe makami, kuma ba a sami bindiga a jikin Tom ba. Masu kare kansu suka ce mutanen sun daɗe suna zagaya gari da makamai bayan an yi ta barazana. A ranar 30 ga Nuwamba Spicer ya yanke cewa jami'an suna bakin aikinsu ne, babu hujjar gurfanar da su. Amma ya soki Virgil kan gayyato Wyatt da Holliday, mutanen da ke da zafin rai a kan waɗanda za a kwance wa ɗamara. A ganina nan ne ainihin laifin yake. Dokar tana da ma'ana, amma wanda ka buge ɗan uwansa da tsakar rana ba zai miƙa maka bindigarsa da la'asar ba, kuma Virgil ya san haka. Hukuncin bai kashe wutar ba: an yi wa Virgil kwanton ɓauna a ranar 28 ga Disamba, hannunsa na hagu ya nakasa, aka kuma harbe Morgan har lahira a ranar 18 ga Maris 1882.

Har yau irin waɗannan dokoki na fitowa a kotunan Amurka. Masu neman a taƙaita yawo da bindiga suna kafa hujja da su, amma a shari'ar Bruen ta 2022 Kotun Ƙoli ta ce dokokin yankunan yamma na wucin gadi ne kuma mutane ƙalilan suka shafa, don haka ba su isa ma'auni ba. Ita kuwa jihar Arizona, tun 2010 ta yarda wanda ya kai shekara 21 ya ɗauki bindiga a ɓoye ba tare da lasisi ba.