Mene ne tarken adabi?

Idan malamin jami'a ya ce wa ɗalibi ya tarke waƙa, ba ya nufin a zagi mawaƙin. Tarken adabi shi ne a zauna da waƙa ko ƙagaggen labari ko wasan kwaikwayo, a warware shi, a duba jigonsa da salonsa da zubinsa, sannan a faɗi inda marubucin ya yi ƙoƙari da inda ya gaza, tare da hujja daga cikin rubutun kansa. Mai wannan aiki shi ne matarki. Wasu kan ce "sukar adabi", amma wannan suna yana sa mutane su zaci neman laifi ne kawai, alhali matarki na ƙwarai yakan ɓata lokaci mai yawa wajen nuna abin da ya sa baiti ya yi daɗi.

Aikin Hira Pathak, wata marubuciya 'yar Indiya, ya nuna faɗin wannan fage. An haife ta a Mumbai a 1916, ta rasu a 1995, kuma da harshen Gujarati, na mutanen jihar Gujarat da ke yammacin ƙasar, ta yi rubutunta. Ta daɗe tana koyar da adabin harshen a jami'ar mata ta SNDT. Littafinta na farko, Apnu Vivechan Sahitya, wanda ya fito a 1939, bai tsaya kan mawaƙa ba. Matarkan da suka gabace ta ta bi, ta auna yadda suka riƙa yanke wa littattafai hukunci. Wato shi ma tarken ana tarke shi, domin ma'aunin wani zamani ba dole ya dace da na bayansa ba. Tana da shekara ashirin da 'yan kai ta ɗauki wannan nauyi, abin da ba kowane tsohon malami zai yi ƙuru ya taɓa ba.

Akwai masu cewa matarki mawaƙi ne da waƙa ta gagara. Ita dai Hira waƙa ba ta gagare ta ba. Mijinta, Ramnarayan Pathak, babban masanin karin waƙa ne kuma matarki, ya rasu a 1955. Bayan rasuwarsa ta rubuta masa wasiƙu cikin waƙa, aka tara su a littafin Paraloke Patra, wato wasiƙu zuwa lahira, inda take yi masa magana kai tsaye cikin kewa. Wadda ta saba auna baitocin wasu ce ta miƙa nata ga matarka su auna.

A 1974 aka ba ta lambar zinariya ta Ranjitram, wadda ake ɗauka a matsayin mafi girman karramawa a adabin Gujarati.