Sauti da kiɗa a finafinan Faransa: tambayoyi da amsoshi

Yaushe kiɗa ya shiga fim a Faransa?

Tun kafin fim ya iya magana. A zamanin finafinai marasa murya, mai fiyano ke zama gefen allo yana raka hotunan. A 1908 aka ba Camille Saint-Saëns, tsohon gwani a tsara kiɗa, aikin rubuta kiɗa na musamman don wani fim kan kisan Duc de Guise, wani basaraken Faransa. Wannan na cikin karo na farko da babban makaɗi ya yi wa fim irin wannan aiki.

Ai kiɗa shi ne sautin fim, ko ba haka ba?

A'a, kuma a nan Faransawa suka fi burge ni. Tsara sauti ya haɗa da takun ƙafa, ƙarar ƙofa, iska, har da shiru. Dubi Jacques Tati, mai shirya finafinan barkwanci. A fim ɗinsa na 1953 kan hutun Monsieur Hulot a bakin teku, ƙofar ɗakin cin abinci na otal tana fitar da wata 'yar ƙara kamar an ja tsirkiya duk lokacin da aka turo ta. Maganar mutane kuwa guna-guni ce a baya, da kyar ake jin kalma. Tati yakan ɗauki hoto tukuna, sannan ya koma situdiyo ya ɗora kowace ƙara da hannunsa, ya ɗaga wadda yake so ta ba da dariya.

Robert Bresson ya bi wata hanya daban. Fim ɗinsa na 1956 labarin fursuna ne da ke shirin tserewa daga kurkukun Montluc a Liyon. Mai kallo ba ya ganin gandiroba sosai, sai dai ya ji makullai na karo da ƙarfen bene, ya ji cokali na kankare katakon ƙofa, can nesa kuma jirgin ƙasa yana busa. Zuciya ta tsinke ba tare da an buga ganga ko ɗaya ba.

Su wa suka yi fice wajen kiɗan?

A Disambar 1957 Miles Davis, mai busa ƙaho ɗan Amurka, ya shiga situdiyo a Faris da dare, yana kallon fim ɗin Louis Malle yana ƙirƙirar kiɗan nan take. Michel Legrand ya yi wa Jacques Demy fim ɗin da duk maganganunsa rera su ake yi, har hirar bakanike a gareji, fim ɗin kuma ya lashe babbar kyautar bikin finafinai na Cannes a 1964. Alexandre Desplat, Bafaranshe mai tsara kiɗa, ya karɓi kyautar Oscar sau biyu, a 2015 da 2018, duk da cewa finafinan Amurka ne suka kawo masa su.

Akwai abin da ya haɗa wannan da Nijar?

Akwai. Jean Rouch, Bafaranshe mai shirya fim, ya shafe shekaru yana aiki a Nijar. Lokacin da ya ɗauki "Moi, un noir" a Abijan, kyamararsa ba ta naɗar murya tare da hoto. Sai ya nuna wa jarumin fim ɗin, Oumarou Ganda ɗan Nijar, hotunan daga baya, Ganda ya riƙa magana a kansu yadda ya ga dama. Daga baya Ganda ya zama mai shirya fim da kansa. Rouch kuwa ya rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004.