Alewar dabino da kwakwa da ba ta ganin wuta: tambayoyi da amsoshi

Akwai nau'in kayan maƙulashe da ake haɗawa a gida ba tare da an kunna murhu ba. Busassun 'ya'yan itace ne da kwakwa, a daka, a cuɗa, a mulmula, shi ke nan. Mai jin bayanin zai ɗauka babu abin da zai iya ɓaci a ciki, sai ya gwada ya ga kwaɓin ya ƙi dunƙuluwa, ko ya manne masa a tafin hannu ya ƙi saki. Ga tambayoyin da suka fi tasowa game da wannan alewa.

Idan ba a dafa ba kuma ba a gasa ba, me ke riƙe ta?

Danƙon 'ya'yan itacen ne. Lokacin da aka busar da ɗan itace, ruwan jikinsa ne ke fita, zaƙin yana nan inda yake. Dabino, alal misali, kusan kashi biyu cikin uku na nauyinsa sukari ne. Idan aka daka shi ya yi laushi, wannan sukarin da ɗan ruwan da ya rage sai su zama kamar gam, duk abin da aka zuba a ciki su kama shi. Ita kuwa kwakwa ba ta da danƙo ko kaɗan. Nata aikin shi ne ƙamshi da maiƙo, sannan tana shanye laimar da ta yi yawa.

Saboda haka kayan haɗin gida biyu ne: masu kamawa da masu busarwa. Dabino da zabibi da ɓaure da zuma suna gefe guda, kwakwa da gyaɗa da riɗi suna ɗaya gefen. Duk wata matsala da za a ci karo da ita a wannan aiki, idan aka bi diddiginta, ɗayan gidajen nan ne ya rinjayi ɗaya.

Wane ɗan itace ya fi dacewa?

Dabino mai laushi babu na biyunsa. Nau'in da ake kira Medjool yana da girma da tsoka, ko da yatsa aka matsa shi sai ya baje. Deglet Noor ya fi shi ƙarfi, zaƙinsa kuma bai kai ba, amma yana aiki sarai idan aka ɗan jiƙa shi. Busasshen dabino mai ƙaras-ƙaras kuwa dole ne a jiƙa shi a ruwan ɗumi na minti 10 zuwa 15, a tsane shi sosai a kan tsumma mai tsabta kafin a taɓa shi. Ruwan jiƙon kada a zubar, zai iya yin amfani a gaba.

Zabibi, wato busasshen inabi, yana kamawa, sai dai shi kaɗai zaƙinsa na hawa kai. Busasshen ɓaure yana kawo ƙananan 'ya'yan nan masu ƙas-ƙas a haƙori, wasu na so, wasu ba sa so. Afirikot, wani ɗan itace na ƙasashen waje da ake sayarwa a bushe, yana da ɗan tsami-tsami, kuma ni a ganina shi ne abokin tafiyar kwakwa na gaskiya, domin tsaminsa yana karya gundurar maiƙo. Busasshen mangwaro da abarba suna da tauri kamar fata, ba sa narkewa su riƙe komai, don haka a yayyanka su ƙanana a zuba saboda ɗanɗano, dabino ya yi aikin riƙo.

Abu ɗaya da ba a yi wa ganganci: a tsaga kowane dabino da hannu, a cire ƙwallon, a leƙa cikinsa. Wani lokaci ana samun ƙwaro ko baƙin gari a ciki. Ko da an rubuta a jikin leda cewa an cire ƙwallaye, a sake dubawa, ƙwallo ɗaya tak ya isa ya ɓata wuƙar inji ko ya fasa wa mutum haƙori.

Yaya awon yake?

Wanda zai fara ya riƙe wannan: giram 200 na dabinon da aka cire wa ƙwallo, giram 100 na busasshiyar kwakwa, giram 100 na soyayyiyar gyaɗa ko yazawa ko almon (wani ɗan itace da ake ci kamar gyaɗa), da ɗan gishiri a bakin yatsu biyu. Wato nauyin masu kamawa ya yi daidai da na masu busarwa. A fara niƙa gyaɗar ta farfashe, kada ta zama gari, a juye ta gefe. Sannan a niƙa dabinon har ya haɗe ya zama curi ɗaya, a zuba gyaɗa da kwakwa da gishiri, a cuɗa. A ajiye cokali biyu ko uku na kwakwar don birgima ƙwallayen a ciki daga ƙarshe. Wannan awo yana ba da ƙwallaye kamar 20, kowanne wajen giram 20.

Amma awon sikeli mafari ne kawai, tunda dabinon yau ba lallai ya yi laushin na jiya ba. Alƙali shi ne hannu. A ɗebi cokali ɗaya a matse a tafi. Idan ya tsaya da shatin yatsu a jikinsa, kuma ya bar tafin ba tare da ya manne ba, ya yi.

Ɗanyar kwakwa zan yi amfani da ita ko busasshiya?

Nan ne aka fi tafka kuskure. Ɗanyar kwakwa da aka goga yanzu ta fi daɗi, wannan ba abin musu ba ne, amma kusan rabin nauyinta ruwa ne. Busasshiyar da ake sayarwa a leda kuwa ruwan da ke jikinta bai wuce kashi 3 cikin 100 ba. Dalilin da ya sa dabino da zabibi ke daɗewa ba su lalace ba shi ne yawan sukarinsu yana riƙe ɗan ruwan da ke ciki, ƙwayoyin cuta da fumfuna ba sa samun abin sha. Da zarar an cuɗa su da ɗanyar kwakwa, an dawo musu da ruwan da aka sha wahalar fitarwa, kuma babu wuta a gaba da za ta kashe komai. Alewar da aka yi da ɗanyar kwakwa ta kwana biyu ce ko uku, a cikin firij, daga nan sai tsami.

Wanda ɗanyar kawai yake da ita, kuma yana son alewar ta daɗe, sai ya goga ta, ya baza a busasshen kasko a kan wuta kaɗan-kaɗan yana juyawa har ta bushe ta fara sauya launi. To, an kunna wuta ke nan, amma don kwakwa kaɗai. Kada a matsa daga wurin, domin kwakwa tana ƙonewa cikin ƙiftawar ido. Ko busasshiyar ma idan aka ɗan yi mata haka ƙamshinta na ninkuwa. A bari ta huce kafin a haɗa.

A kuma duba ledar: akwai busasshiyar kwakwa da aka riga aka zuba wa sukari. Ba ita ake nema ba.

Ba ni da injin niƙa mai ƙarfi, zan iya?

Ƙwarai. Turmi da taɓarya sun wadatar, ko wuƙa mai kaifi da katako, a yi ta sara har ya zama kwaɓi. Idan wuƙar na mannewa, a shafa mata mai. Blenda mai dogon kofi ma ita ce ta fi ba da wahala, domin dabinon yana taruwa a ƙasan wuƙa ya tsaya cak, mutum ya ga kamar sai ya ƙara ruwa. Ƙara ruwan nan shi ne mafarin ɓarna.

Kwaɓina ya ƙi haɗuwa, ko kuma ya yi caɓi. Ya zan gyara?

Idan yana wargajewa, a ƙara dabino biyu ko uku da aka daka, ko cokali ɗaya na man gyaɗa mai kauri irin na shafa wa burodi, ko zuma. Idan babu, ruwan jiƙon dabino ƙaramin cokali ɗaya, a cuɗa sosai a gani kafin a ƙara wani. Idan ya yi caɓi, kwakwa za a ƙara, cokali-cokali, sannan a sa kwanon a firij na rabin awa. Sanyi na ƙara masa ƙarfi, kwakwar kuma na buƙatar lokaci kafin ta gama shan laima, shi ya sa kwaɓin da ya yi kamar ya cika ruwa yanzu zai iya daidaita da kansa in an yi haƙuri. Wajen mulmulawa a ɗan jiƙa tafin hannu ko a shafa mai.

Wani abin da ke faruwa shi ne maiƙo ya riƙa tsattsafowa. Alamar an niƙa gyaɗa da kwakwa fiye da kima ce har suka saki mansu. Alewar za ta ciwu, sai dai kyan gani ya ragu.

Na ga wasu na zuba man kwakwa. Dole ne?

Ba dole ba ne. Man kwakwa yana daskarewa idan zafi ya yi ƙasa da digiri 24 a ma'aunin salshiyas, don haka yana sa alewar ta yi ƙarfi a firij, ta yanku da kyau idan an danne ta a faranti za a yanka murabba'i-murabba'i. Amma da ta fito ta ji ɗumi sai man ya narke, ta saki jiki. Alewar da za a ɗauka a tafiya ko a sa wa yara a jakar makaranta, gara a dogara ga danƙon dabino.

Me za a ƙara don ɗanɗano?

Gishirin nan da aka ambata ya fi komai muhimmanci, shi ke hana zaƙi ginsar mutum. Bayansa sai kirfa ko citta ko gogaggen ɓawon lemo. Hodar koko marar sukari cokali biyu tana mayar da ita kamar cakulan, amma tana busar da kwaɓi, sai a rage kwakwa. Abu ɗaya ko biyu sun isa. Idan aka tara kayan ƙamshi biyar, kwakwar da aka yi abin dominta ba za a ji ta ba.

Tunda ba a zuba sukari ba, ana iya ci son rai ke nan?

A'a. Ba a zuba ba ne saboda yana ciki tun asali. Giram 100 na dabinon Medjool na ɗauke da kalori wajen 277, busasshiyar kwakwa kuma wajen 660, domin kusan kashi biyu cikin uku nata mai ne. A awon da aka bayar a sama, ƙwallo ɗaya ya kai kalori 90 ko kusa da haka, kuma ba wuya mutum ya lamushe biyar yana hira. Gaskiya ne ta fi alewar sukari zalla, tunda akwai harza mai taimakon hanji da sinadarin fotashiyam a cikin dabino, ga gyaɗa mai riƙe ciki. Duk da haka alewa ce. Mai ciwon sukari ya lissafa ta cikin zaƙin da yake ci, kada sunan ɗan itace ya ruɗe shi. Busassun 'ya'yan itace kuma suna maƙalewa a haƙori, a kuskure baki bayan an ci.

Akwai wanda bai kamata a ba shi ba?

Jaririn da bai cika shekara ɗaya ba, ba a ba shi duk abin da aka sa wa zuma. Ƙananan yara kuma dunƙulallen abu mai danƙo na iya shaƙe su, don haka a niƙa gyaɗar ta yi laushi, a baje musu alewar a yanka siri-siri. Wanda jikinsa ba ya karɓar gyaɗa, a yi masa da kwakwa da dabino kaɗai, a wanke kayan aikin tas kafin a fara. Afirikot mai launin ruwan lemo mai haske, sinadarin salfa aka sa masa don kada ya yi duhu, kuma yana tayar wa wasu masu asma da ciwonsu. Wanda ba a sa wa ba launinsa ruwan ƙasa ne.

Kwana nawa take yi?

Wadda aka yi da busasshiyar kwakwa, ba a kuma zuba mata ruwa da yawa ba, tana yin mako ɗaya zuwa biyu a firij cikin mazubi mai murfi. A firiza tana kai wata uku. A fara jera ƙwallayen a faranti su daskare ɗaya-ɗaya kafin a juye su a leda, in ba haka ba za su manne su zama curi guda. Saboda yawan sukarinsu ba sa yin ƙanƙara kamar dutse, minti 10 a waje sun isa a ci. Hannu da mazubi su kasance a bushe kuma da tsabta tun daga farko, tunda abin ba ya bi ta wuta. Idan aka buɗe murfi aka ji warin tsami ko na tsohon mai, ko aka ga farin gashi-gashi a jikin ko da ƙwallo ɗaya ne, a zubar da duk abin da ke cikin mazubin.